Gyaran da Ustaza Samiha Ba Ta Gani Ba

Ranar Talata, 11 ga Maris, Allah ya karɓi ran Ustaza Samiha Mallawani a gidanta da ke unguwar Shubra a Alƙahira, tana da shekara tamanin da ɗaya. Daga Allah muke, gare shi za mu koma.

Ustaza, fim ashirin da uku kika rubuta wa hira, a huɗu kaɗai sunanki ya fito. A nan Alƙahira gida uku ake raba rubutun fim a allo: labari, tsari da hira, wato maganganun 'yan wasa. A zamaninki darakta kan bar wa wani marubuci labarin, ya ɗora sunansa a kan hirar. Alhali ke ce mai tsayuwa a layin burodi da ɗan littafi a jaka, kina kwashe maganar mata yadda ta fito.

A 1988, ina sabon ɗan jarida, na yabi wani darakta kan amsar da wata mai wanki ta ba alƙali a fim ɗinsa. Na ce ba wanda ya san harshen matan birnin nan kamarsa. Washegari kika hawo ofishinmu, hawa na huɗu, kina haki.

"Kai ne gwanin sharhin? Mutumin da ko matarsa sai ta bakin direba yake yi wa magana, shi ya san harshen mata?"

Na ce, "Ustaza, sunansa ne a allo."

"Shi ya sa na hau matakalar nan, ɗana. Layi ɗaya nake so. Ka ce tawa ce."

Na yi alkawari. Edita ya ce daraktan abokin jarida ne, a dakata. Na dakata. Ba ki riƙe ni ba. Ke kika gyara min littafina na farko da jan biro, kuma duk Alhamis kina tara 'yan mata masu koyon rubutu a kicin ɗinki, kina hana su miƙa shafi kafin su ga sunansu a yarjejeniya. Sai dai duk Sallah, in na kira gaisuwa, ki yi dariya ki ce, "Ina layina?"

Allah ya jiƙan ki, ya yafe miki, ya haskaka kabarinki. Allah ya ba 'yarki Dokta Hala da jikokinki haƙuri.

Gyara: hirar mai wanki da alƙali da wannan jarida ta yaba a 1988, Samiha Mallawani ce ta rubuta ta. Kuskuren nawa ne, jinkirin ma nawa ne.