Kwana Uku Ba Allura

Ciwon sukari ya kama maiɗakina bayan ta yaye ɗanmu na biyu, a farkon shekarun saba'in. Muna zaune a Gashuwa lokacin, ina koyar da 'yan aji biyar a firamare. Ba ta kai shekara talatin ba. Ta rame har zobe ya riƙa zamewa daga yatsarta, tulun ruwa guda kuwa ba ya kai ta la'asar. Malamin asibitin garinmu, wanda ke ba da magani a ɗakin shan magani, ya tura mu Nguru. A can likita ya ce jikinta ya daina yin wani abu da ake kira insulin, mai shigar da sukarin abinci cikin tsoka, don haka daga ranar sai allura safe da yamma har iyakar rai.

Ni aka koya wa yin allurar, da yake ni na yi boko. Sirinjin na gilashi ne, sai an tafasa shi a wani ɗan kwanon samira kafin a soka. Kwalaben maganin muna naɗe su cikin tsumma mai danshi mu ajiye a gindin randa saboda zafi, duk wata kuma in hau motar Nguru in karɓo sababbi. An haɗa mini da wani ruwa shuɗi na gwajin fitsari da 'yar kwalbarsa. Za a ɗiga fitsarin a ciki a kara kwalbar a wuta. In ya tsaya shuɗi, lafiya. In ya koma ja kamar bulo, sukari ya hau. Ba zan ɓoye ba, aikin ya yi mini daɗi. Abu ne mai ƙa'ida, ni kuwa mutum ne mai son ƙa'ida.

Wata bakwai ko takwas da farawa, aka yi suna a maƙwabta. Na yi mata allurar safe, ta fice aikin girki ba ta karya ba. Kafin hantsi aka aiko makaranta cewa ta faɗi a bakin murhu. Na tarar da ita jiƙe sharkaf da gumi, tana karkarwa, tana maganar da ba kan gado. Wata maƙwabciyarmu, matar wani akawun gidan waya daga ƙasar Filato, ita ta jiƙa sukari ta riƙa ɗura mata da cokali, kafin a jima ta dawo hayyacinta tana tambayar inda ɗankwalinta yake. Da malamin asibiti ya zo, ya ce mini, “Malam, allura ba abinci a ciki ganganci ne.” Ya ci gaba da wasu bayanai, na san har ya ambaci zazzaɓi, amma hankalina na kan matar da na gani a ƙasa. Jimlar farko kaɗai na ɗauka, na riƙe ta kamar karatun allo.

Damina ta gaba zazzaɓi ya kwantar da ita. Ranar Litinin ya fara, da ciwon kai da amai. Ko kunu ta sha sai ya dawo. Da safe na ɗauko kwanon samira, na tsaya ina duban ta, na mayar da shi. Da yamma ma haka.

Mahaifiyarta ta zo jinya ranar Talata. Mutuniyar Bade ce, sana'arta bandar kifi a bakin kogi, Hausarta da ɗan nauyi. Tsakanina da ita akwai kunya irin ta surukai, ba ta taɓa duban idona ba, in za ta yi mini magana sai ta juya gefe kamar da bango take. Da azahar na dawo daga makaranta, tana tankaɗe a tsakar gida, ta ce ba tare da ta ɗago ba:

“Malam, yau ban ga an ɗora ɗan kwanon nan ba.”

Na ce, “Inna, ba ta ci komai ba. In aka yi allura ciki ba abinci, faɗuwa za ta yi, kamar ta ranar suna.”

Ta ci gaba da kaɗa rariya. Can ta ce, “Ni ban yi karatu ba. Amma kafin a fara sokar ta, irin wannan shan ruwan take yi. Yau tulu biyu na cika.”

Na ce zazzaɓi ne ke sa ƙishirwa. Don in kwantar mata da hankali, na ɗauko ruwan gwaji na yi a gabanta. Kwalbar ta koma ja wur, irin jan da ban taɓa gani ba. Na ɗaga ta a rana na duba. Sai na yi lissafi: mace ta kwana biyu ba ta haɗiyi komai ba, daga ina sukari zai fito? Na yanke cewa ruwan gwajin ne ya lalace saboda danshin damina. Na zubar, na wanke kwalbar. Inna ta koma kan tankaɗenta.

Ranar Laraba na tafi makaranta kamar kullum. Na tuna darasin, rabawa ne mai saura. Ana tashi na dawo, tun daga zaure na jiyo numfashin maiɗakina. Ba nishi ba ne, ba kuma haki ba. Ja take yi mai zurfi, ta sake, ta sake ja, a jere ba hutawa, kamar zugazugin maƙeri. Idanunta sun faɗa, leɓɓanta sun tsage, harshenta ya bushe kamar fata. Inna ta ce tun hantsi take kukan ciwon ciki, daga baya ta daina kukan, ta koma barcin da in an tashe ta sai ta buɗe ido ta rufe. Ta ce kuma akwai wani wari a bakinta, mai zaƙi-zaƙi, kamar gwandar da ta wuce nuna. Na sunkuya na shinshina, ban ji komai ba. Daga baya na sami labarin ba kowane hanci ke jin sa ba.

Na hau keke na ɗauko malamin asibiti. Ya durƙusa, ya ja fatar hannunta ya saki, fatar ta tsaya a tattare. Ya kai hancinsa bakinta.

“Yaushe rabonta da allura?”

Na ce, “Lahadi da yamma.”

Ya dube ni, ya ƙirga da yatsu. Ya sa aka tafasa sirinji, ya yi mata da hannunsa, ya rubuta takarda ya ninke ya ba ni. Ya ce abin ya fi ƙarfin ɗakinsa, ruwa take bukata ta jijiya, mu kama hanyar Nguru yanzu, ba gobe ba.

Motar da muka samu a tasha babba ce, ta yi lodin busasshen kifi za ta kai tashar jirgin ƙasa ta Nguru. Direban, wani Babarbare mai ƙarancin magana, ya leƙa ya ga halin da maiɗakina take ciki, ya sauke mutum biyu daga gaba ya mayar da su kan kaya. Inna ta rungume ta a cinya, ni ina bakin ƙofa riƙe da buta, ina jiƙa tsumma ina shafa mata a leɓe. 'Ya'yan muka bar su wajen maƙwabciyar nan ta Filato. Hanyar a lokacin yashi ce da taɓo. Bayan Jajimaji muka kafe a wani kwari da ruwa ya kwanta, fasinjoji suka sauka suka sassaro rassa suka cusa a ƙarƙashin taya. Na sauka na tura tare da su. Ina turawa ina jin numfashinta ta taga, ya fi ƙarar injin shiga kunnena.

Mun isa bayan magariba. Nas ta karanta takardar, ta kira likita, aka ɗaura ƙarin ruwa. Kwalba na ƙarewa a rataya wata. Lokaci-lokaci a zo a yi allura, a ɗebi jini, a duba fitsari. Mu aka ce mu zauna a baranda. Inna ta shimfiɗa zanenta a can ƙarshe, ni a nan, da tazarar da ta dace a tsakaninmu.

Washegari da hantsi numfashin ya lafa. Ranar Juma'a da safe ta buɗe ido sosai, ta dubi rufin ɗakin, ta tambayi wa ke kula da yara.

A ranar likitan ya kira ni ofishinsa. Bai yi faɗa ba. Ya tambaye ni dalili, na gaya masa, har da maganar kwalbar da na zubar. Ya ce ruwan gwajin lafiyarsa ƙalau. Ya yi mini bayani a hankali, yadda nake yi wa 'yan aji biyar. Jiki ba ya jiran abinci kafin ya sami sukari, hanta na zubo nata, in kuwa akwai zazzaɓi sai ta ƙara. Ba insulin, sukarin nan sai ya taru a jini, tsoka tana yunwa. Sai jiki ya koma ƙona kitse, ƙonawar kuwa tana barin wani tsami mai guba a jini. Shi ke kawo amai da ciwon ciki da warin baki, numfashin nan mai zurfi kuwa ƙoƙarin jiki ne na fitar da shi. Ga fitsari yana kwashe ruwan jiki.

“Ranar da ba ta da lafiya ta fi bukatar allurar,” in ji shi. “In ba ta iya cin tuwo, a ba ta kunu ko ruwa mai ɗan sukari kaɗan-kaɗan, a yi gwaji, a nemi malamin asibiti ya faɗi yawan da za a yi. Amma ba a dainawa. Da kun ƙara wuni ɗaya, da wata maganar muke yi.”

Da ya ji malamin makaranta ne ni, ya ce in rubuta masa abin da ya faɗa da Hausa, gajere, don masu zuwa karɓar magani. Na zauna a barandar na rubuta layi shida da manyan baƙaƙe, na sake kwafa da ajami a ƙasa. Aka manna a bangon wurin karɓar magani. Na riƙa ganin takardar duk wata har ta yi ja ta yage, ban taɓa gaya wa kowa a layin wanda ya rubuta ba.

Kwana tara muka yi. Kafin a sallame mu, maiɗakina ta roƙi nas ta koya mata allurar. Nas ta ba ta lemo ta riƙa sokawa, kwana biyu tana yi, rana ta uku ta ɗaga zane ta soka a cinyarta. Lambobin jikin sirinji su ne karatunta na farko. Da muka koma gida na ce in ta gaji in riƙa karɓar ta, ta ce, “A'a Malam, kai dai ka riƙa karɓo mini daga Nguru.”

Ban san ko mahaifiyarta ta gaya mata abin da ya wakana ranar Talata ba. Ita ba ta tambaye ni ba, ni ma ban tayar ba. Inna ta ƙara mako guda a gidan, ta ga 'yarta ta fara shiga ɗakin girki, sannan ta ɗaure kayanta ta ce ruwa ya fara cika, masunta na jiran ta.