Fuskar Baba a Bangon Montreuil

Lokacin da nake karatun injiniya a Villeurbanne ta ƙasar Faransa, maƙwabciyata 'yar ƙasar Finland ce, mai yin fim. Amma fim ɗinta ba labari, ba 'yan wasa. Tsohon zaren fim take samowa ta binne a tukunyar fure, ko ta jiƙa shi a ruwan jabel mai cinye launi, ta kankare shi da allura. In ya lalace sai ta haska a bango ta ce aiki ya yi kyau. Nakan tsokane ta in ce, "Madam, ke fa gara ce, ɓarna ce sana'arki." Sai ta yi murmushi kawai. Ba ta da yawan magana, shi ya sa na ɗauke ta mai amana.

Ina da wani ɗan faifan fim cikin gwangwani, wanda wani Bature ya ɗauki Baba a majemar Damagaram tun ba a haife ni ba. Baba ya rasu, kuma nan kaɗai ya rage mana yana motsi. Inna ce ta ba ni, ta ce tunda ƙasar masu na'ura za ni, in sa a juye mata shi a waya, ta sake ganin mijinta.

Maƙwabciyar ta ɗora shi a injinta muka kalla tare. Ga Baba yana matse fata, hannu jajir har gwiwa, ya waiwayo yana dariya. Ta ce ba ta taɓa ganin abu mai kyau haka ba. Na ce, "Ai naki ne," yadda kowa a garinmu yake faɗa in an yaba kayansa. Amma na gaya mata saƙon Inna dalla-dalla, ta ce ta san wani labo, wurin gyaran fim a Paris, da zai juye shi. Na bar mata faifan.

Bayan watanni ta gayyace ni baje kolinta a Montreuil, gefen Paris. Har da shaddata na sa, kai ni dai! Ina shiga na ga Baba ya cika bango. Hannuwansa na nan, fatar na nan, amma jabel ya cinye fuskar, sai fari fat yana rawa a kan wuyansa. Mutane riƙe da kofuna suna gyaɗa kai.

Na nufe ta na tambaye ta ina wanda aka juye.

"Babu," in ji ta, ko ƙifta ido ba ta yi ba. "In da kwafi, aikin ya zama ƙarya. Dole rashin ya zama na gaske. Kai ma ka ce nawa ne."

Rashin wa? Uban wa? Wallahi ta sani sarai, a gabanta na ambaci Inna. Ban taɓa jin an ci amanata cikin sanyin murya irin haka ba.

Na ɗauki hoton bangon da wayata na tura gida, don abin da ya saura ke nan. Ina tsaye a bakin tashar jirgin metro Inna ta kira.

"Hannunsa ne, na gane shi," ta ce. "Amma fuskar ba ta fito ba, ɗana. Ka ce musu su gyara, ina jira."