Kanwa Mai Cin Lokaci

Da na haifi ɗana na biyu, mahaifiyata ta taso daga Kano ta zo Kurudu yi mini wankan jego. Ta iso da buhun gero, da ganyen darbejiya kamar Abuja ba bishiya, da ƙullin jar kanwa da ya kusa kan jaririn girma. Ka'idarta ba ta canzawa: ranar arba'in aikinta ya ƙare, washegari ta koma wurin Baba.

Babbar 'yata tana aji ɗaya a firamare lokacin. Sunan Hajiyar aka sa mata, don haka ita kaɗai ke da lasisin yi mata tsiwa. Ga tambayar tsiya. Wata Asabar ta tarar da Hajiya tana jefa kanwa a tukunyar wake.

"Kaka, me ya sa kike sa dutse a abinci?"

"Dutse? Oh ni, 'yar Abuja! Wannan ita ce mai cin lokaci. Waken da zai kai azahar bai nuna ba, tana shiga sai ta cinye awannin, kafin hantsi ya yi luguf."

Na ce, "Hajiya, don Allah kar ki sa mata wannan a ka." Ta ce in ji da kununa, ba da ni take ba.

Ai kuwa ya shiga kan. Ranar Litinin babanta ya tsinci gutsuren kanwa a motarsa, wai don cunkoson Nyanya ya yi saurin ƙarewa. Da ya dawo ya ce tsakaninsa da Allah hanya ta ɗan saki ranar. Na harare shi. Malamar lissafi ma ta bugo mini waya tana tambayar ko lafiya, yarinya ta ɗora mata wani dutse a tebur tun farkon darasi. Mai kitso kuwa a cinya aka ajiye mata.

Muna ta dariya, sai kanwa ta ɓace a gidan ƙaf. Mai jego ba kunun kanwa! Hajiya ta birkice kicin tana salati. Aka sayo wata a kasuwar Karu, kafin gari ya waye ita ma ta bi 'yar'uwarta. Maigida ya ce ƙila ɓera ne. Na ce masa tunda uwata ta haife ni ban taɓa jin ɓeran da ke shan kanwa ba, ya rufa mini baki.

Ranar Lahadi maƙwabciyarmu, wata nas 'yar Filato, ta shigo bayan ta dawo daga coci, da baƙar leda a hannu.

"Maman bebi, yarinyan ka ya kawo mini wannan. Ya ce in ɓoye har Kaka ya manta da tafiya."

Na sunkuya na zaro silifas. Ja'irar ta yi wuf ta shige bayan Hajiya, ta leƙo da ido ɗaya, ta ce mini:

"Ai ke ce kullum sai kin sha, shi ya sa kwanakin suke gudu! Jiya-jiya aka yi suna, yanzu har Kaka ta fara ninke kayanta."

Na ajiye silifas ɗin. Wallahi abin da ke cina ke nan ni ma, na dai rasa bakin faɗa. Hajiya na tafiya gidan zai koma ni da jariri da rufaffen get, a garin da ba mai leƙo ka sai ya bugo waya tukuna. Ga hutun ofis na shirin ƙarewa. Tsoro nake ji sosai.

Hajiya ta yi dariya har da hawaye, ta janyo takwararta ta ɗora a cinya.

"Da kin tambaye ni ai. Kanwa tana da magani, tsamiya. Zuba ta a wake ki gani, ya wuni a wuta yana nan kamar tsakuwa."

Shi ke nan, ta ƙara tono mana wata. Tsamiya a jakar Hajiya, tsamiya a takalminta, tsamiya a ƙarƙashin matashi, har tururuwa suka yi mana ƙaura zuwa ɗakin. Hajiya ta yi ta mita, amma ko ɗaya ba ta cire ba. Ni kuma da digirina na koma kunun tsamiya.

Arba'in dai ta zo abinta. Washegari maigida ya fito da mota zai kai Hajiya tasha. Ta shafa kan jariri, ta ce mini in riƙa cin abinci, ta shige ba ta waiwayo ba. Yarinyar ba ta yi kuka ba. Ta tsaya a bakin get har motar ta sha kwana, sannan ta dawo ta zauna kusa da ni.

"Mama, tsamiyar nan ba ta aiki."

"Ba ta yi."

Ta kalli ƙaninta, ta kalli cikina, tana nazari.

"In kika sake haihuwa Kaka za ta dawo, ko?"

"Za ta dawo."

"To ki yi sauri."

Ni da na rantse a ɗakin haihuwa cewa na gama har abada, sai na ji bakina ya ce, "To." Na kifa fuskata a tawul ɗin jariri na yi kukan da ita ta ƙi yi.