Ƙullin Zogale a Akwatin Umma

Ranar Juma'ar farko bayan ƙaramar Sallah, shekarar da na cika tara da haihuwa, Umma ta aike ni saman benenmu na unguwar Sanyuanli in shanya kayan ƙanena Sadiku. Na tura ƙofar ƙarfen da ƙafa saboda bokitin da ke hannuna, sai na yi turus. Wani ƙaton tsoho ne zaune a gaban fararen akwatunan nan marasa nauyi da masu kifi ke zuba ƙanƙara a ciki, ya cika su da ƙasa, yana yi wa abin da ya shuka hira ƙasa-ƙasa. Ba baƙar fata ba ne kamar mu, ba kuma ɗan China ba ne, fatarsa kamar sabuwar tukunyar ƙasa, gashinsa fari fat. Ya ɗago ya yi mini murmushi, ya ce da Turanci in yi hankali kada ruwan sabulu ya zuba wa 'ya'yansa. Na leƙa in ga 'ya'yan, sai ga faffaɗan ganyen gwaza, irin wanda na baro a fadamar kakata. Ban san lokacin da na dire bokitin na sauka a guje ba, ina ƙwala wa Umma kira tun daga matakala. "Gwaza a garin nan? Zulai, ki rage shirme," in ji ta. Amma da la'asar sai ga ta ta yafa mayafi ta hau da kanta, ta tsaya a bakin ƙofa, ta daɗe tana kallon ganyen.

Lokacin shekararmu biyu ke nan a Guangzhou. Abba ɗan kasuwa ne, yana sayen yadi da takalma a kasuwannin Liwan, ya cika kwantena a tashar jiragen ruwa ta Huangpu, a kai wa abokan cinikinsa a Kano. Da ya gaji da zama shi kaɗai da cin taliyar leda, sai ya ɗauko mu. Gidan ɗaki biyu ne da falo a hawa na biyar, rabin falon kuma kwalaye ne har rufi. Lungunan unguwar matsattsu ne, in ka miƙa hannu ta taga sai ka taɓa bangon maƙwabta, ga wayoyin lantarki a hargitse, ga ruwan na'urar sanyaya ɗaki yana ɗiga a kan mai wucewa. Ni dai yarinta ta yi mini rana. Kafin a ankara na iya cin shinkafa da tsinke biyu, na iya ciniki da matar da ke sayar da madarar waken suya a ƙasan bene, Turancin makaranta ma ya zauna a bakina. Aikina a gida shi ne shanya, goyon Sadiku, da raka Umma kasuwa in yi mata tafinta.

Umma ce garin bai karɓe ta ba. 'Yar manoma ce daga wani ƙauye a wajen Bichi, ta tashi a tsakar gidan da ko ta ina ka ɗaga kai sama za ka gani. Kalma ɗaya ta riƙe a yaren China, "meyo", wato babu, don ita ta fi ji a kasuwa: daddawa meyo, kuka meyo, busasshiyar kuɓewa meyo. Ta rame, ta rage dariya, takan tsaya a taga tana kallon bango. Babban akwatinta kuwa tunda muka zo ba ta taɓa juye shi ba, yana nan a bayan ƙofa, sai dai ta ɗauki zane ta ɗaura, ta wanke ta mayar. Ana gama azumin shekarar suka yanke magana da Abba a gabana muna cin tuwo: bayan babbar Sallah za ta koma gida da Sadiku, ni kuma in zauna da Abba saboda makaranta. Ban yi kuka a gabansu ba, amma tun daga ranar abinci ya daina yi mini daɗi. Tsorona ɗaya ne, in dawo daga makaranta in tarar babu akwatin nan a bayan ƙofa.

Tsohon sunansa Siyone, mu yara muka ƙara masa Baba. Mutumin Tonga ne, wasu tsibirai can a tsakiyar tekun Pasifik da ya nuna mini a taswira, ƙanana kamar an watsa gero. Ya yi rayuwarsa yana aiki a manyan jiragen dakon kaya, har ranar da wata igiyar ƙarfe ta tsinke a Huangpu ta karya masa ƙafa. Jirgin ya tafi ya bar shi a asibiti. Da ya warke sai ya samu aiki wajen masu lodin kwantena, a nan suka san juna da Abba, ya kama ɗan ɗakin da ke saman benenmu. Bayan makaranta, ni da yaran wani Alhaji ɗan Maraɗi da ke hawa na uku mukan kwashi tsofaffin kwalayen Abba mu hau sama. Shi ya koya mana mu jera kwali biyu, mu gitta katako a kansu mu ɗaure. Ya ce haka kakanninsa ke haɗa manyan kwalekwale biyu, su shimfiɗa katako a tsakani, su kafa dogon itace su ɗaura masa tabarma, iska ta riƙa tura su. Tamu tabarmar tsohon zanen Umma ne, tekunmu kuwa simintin rufi.

Yakan zauna a kujerar roba ya miƙe ƙafar mai ciwo, ya riƙa ba mu umarni. Ya ce mutanen nan kan yi makonni ba su ga ƙasa ba, ba taswira, ba inji. In rana ta faɗi su bi tauraro daga inda ya fito, in ya yi sama su kama na bayansa. Da rana jagoran jirgi yakan kwanta ya ji yadda ruwa ke ɗaga su yana saukewa, ya gane daga ina igiyar ruwa ta taso. In suka ga gajimare ya tsaya wuri ɗaya sauran na wucewa, sun san akwai tsibiri a ƙarƙashinsa, in kuma suka ga wasu tsuntsaye da yamma sun miƙe hanya ɗaya, sai su bi su, don a ƙasa za su kwana. Mu ma sai mu kwanta cikin kwali mu rufe ido, manyan motoci na wucewa a titi suna girgiza benen, mu rantse da Allah mun ji igiyar ruwa. Wanda ya fara hango tantabarun maƙwabta suna dawowa, shi ya gano tsibiri, shi ya ci wasan.

Wata rana na tambaye shi me ya sa yake kiran gwaza 'ya'yansa. Ya ce in mutanensu za su tafi neman sabuwar ƙasa, bayan mata da yara da kaji da aladu, abin da suka fi tattali shi ne dashe: na gwaza, na ayaba, rake da doya. Su naɗe saiwar da jiƙaƙƙen ganye, su ɓoye ta daga gishirin teku, ruwan sha ko ya yi ƙaranci sai an raba da ita. Daga nan ya ba ni labarin da ya ji a bakin kakansa, na zuwan Turawan farko. Jirginsu ya tsaya a nesa, mutane suka fita da kwalekwale ɗauke da kwakwa da ayaba, suka karɓo ƙusoshi da duwatsun wuya. Ƙusa ce abin so, don ba su da ƙarfe, sukan lanƙwasa ta su yi ƙugiyar kamun kifi. Samari suka hau jirgin suka leƙa ko'ina, suka dawo suna ta zuba labari. Dattawa suka bari suka gama, sannan suka tambaye su ko sun ga mata a ciki, ko sun ga abin shuka. Samari suka ce babu. Dattawa suka ce to a ba su ruwa da abinci, masu wucewa ne. Baba Siyone ya shafa ganyen da ke kusa da shi ya ce, "Mai wucewa da kaya yake zuwa. Mai niyyar zama da iri yake zuwa." Na ce to Turawan ba su dawo ba? Ya ce sun dawo, da matansu da irinsu, amma wannan wani labari ne daban, kuma ba na wasan kwali ba ne.

Maganar ta tsaya mini a rai, don na san abin da ke ƙasan akwatin Umma. Ranar da za mu taho, kakata Inna ta ƙulle mata irin zogale a wani tsumman atamfa. Abba ya sha ce mata ta shuka ko a bokiti ne, takan ce wa yake shuka a ƙasar mutane. Ranar Asabar tana tsefe mini kai na kwashe labarin kaf na faɗa mata, aladun kawai na tsallake, don na san halin Umma. Da na zo kan tambayar dattawan, sai na ji hannunta ya ɗan tsaya a kaina. "Dattawan nan suna da hankali," in ji ta. "Juyo da kanki." Ta ci gaba da tsifarta, ni kuma na cika na yi fam.

Ba a daɗe ba aka yi guguwar teku da suke kira taifun. Aka rufe makarantu, iska ta kwana tana dukan tagogi. Da gari ya waye muka hau duba igiyar shanya, muka tarar akwatunan Baba Siyone duk sun kife, ƙasa ta watse, gwazan na kwance saiwa a waje. Shi kuma yana tsaye da sandarsa, ƙafar ta kumbura, ya kasa durƙusawa. Umma, wadda ba ta taɓa wuce bakin ƙofar nan in yana wurin ba, ta miƙo mini Sadiku, ta ɗaure mayafinta a ƙugu, ta tuɓe takalmi. Ta tattara ƙasar da hannu ta marmasa, ta cire ganyen da suka karye, ta mayar da kowane tushe ta danne gindinsa. Tana yi tana faɗa da Hausa, wai ƙasar nan ba taki, wai wa ya koya masa cusa gwaza kusa-kusa haka, ni kuma ina fassara masa abin da zai fassaru. Rabona da jin muryarta da ƙarfi haka tun muna Kano. Da ta gama sai ta tsaya tana shinshinar hannunta. Akwati ɗaya ya rage cike da ƙasa ba shuka, Baba Siyone ya tura shi da sanda har gaban ƙafarta, ya faɗi Hausar da ya iya, "Na gode."

Akwatin ya yi kwanaki a haka, kullum sai na leƙa. Rannan na dawo daga makaranta na tarar da babban akwatin Umma a buɗe a tsakar ɗaki, kaya a warwatse. Na ɗauka shirin tafiya ne ya tashi. Sai na hango tsumman atamfar nan a kan gado, an kwance ƙullin. Na hau sama ban ko cire jakar makaranta ba, na same ta tana tona 'yan ramuka da yatsa. Ba ta ko dube ni ba ta ce, "Kada ki sa rai, ba zama zan yi ba. Don in na tafi ku samu abin tsinka ne, ku rage cin taliyar leda, ke da Abbanki." Na ce to, na ɗebo mata ruwa, hawaye na zuba cikin bokitin.

Zogale ya tsiro. Babbar Sallah ta zo ta wuce, Abba ya yi maganar tikiti, Umma ta ce a ɗan dakata, tsiron bai yi ƙwari ba, yarinyar nan da ruwa za ta kashe shi. Sanyi ya shigo, ta ce wa zai riƙa rufe shi da buhu. Da gari ya yi ɗumi ta ce sai ta sare masa kai ya yi rassa, daga nan kuma sai ta ga furensa. Abba dai ya daina tambaya, sai murmushi. Matan Kano da na Maraɗi suka fara hawowa karɓar ganye, a yi kwaɗo da ƙuli-ƙulin da fatake ke kawowa, a zauna a saman bene ana hira har magariba. Ban san ranar da babban akwatin Umma ya koma ƙarƙashin gado ba, na dai jawo shi wata rana na ji ba nauyi. Umma ba ta koma gida ba sai da ta aurar da ni.

Baba Siyone ya koma tsibirinsu ina sakandare, ya bar wa Umma gwazan. Yanzu ita da Abba suna Kano, ni ce na rage a Guangzhou da maigidana da 'yata, a wani dogon bene mai lifta, inda ƙofar rufi ke kulle da kwaɗo kuma ba yaron da ya san launin kwalin wasa. Daddawa da kuka a waya ake sayensu a kawo maka har ƙofa, ba mai ce maka meyo. A barandata akwai zogale a tukunyar roba, jikan wancan ne, kuma duk sanda na ba shi ruwa sai kewar saman benen nan ta kama ni. Bara da na je gida na tarar da Umma a bayan ɗakinta tana tsinkar wani zogale da ya fito da kansa a jikin katanga, ba mai ba shi ruwa, awaki ma sun ci rabinsa. Na tsokane ta na ce ashe itace ya fi ni daraja, tunda saboda shi ta fasa tafiya. Ta harare ni ta ce, "Ke har yanzu ba ki yi wayo ba. Zogalen da ke fitowa a juji ne yake buƙatar mai reno?" Ta ci gaba da tsinkarta.

Sai a ranar na gane wane tsiro Umma ta tsaya reno.