Maganar da Na Sa wa Tsohuwa a Baki

Akwai abin da na aikata wanda ko yau na tuna sai kunya ta rufe ni, kuma na san ba zan manta da shi ba har in koma ga Allah.

A lokacin ina fassara fina-finan Indiya a wani ɗan shago a Jekadafari, cikin garin Gombe. Duk wanda ya san sana'ar ya san ba yaren muke ji ba. Turancin da ke ƙasan hoto muke bi, in labari ya yi sanyi mu ƙara masa gishiri, mu cusa barkwanci. Ni kuwa a barkwancin nan ake yabona, har kaina ya kumbura.

Wata rana wani dattijo Ba'indiye ya shigo shagon. Malamin lissafi ne a wata makaranta a Shamaki, ya daɗe a Gombe har Hausa ta zauna a bakinsa. Ya ce shi mutumin Kerala ne, yarensu Malayalam. Yayansa ya ƙare rayuwarsa yana rubuta labaran fim a can, tun ana sa sunan wasu a kan aikinsa har aka zo ana nemansa. Bai daɗe da rasuwa ba, kuma fim ɗinsa na ƙarshe a kan mahaifiyarsu ya rubuta shi.

"Ɗana, so nake ɗalibaina su ji shi da Hausa," in ji shi. Ya miƙo mini fim ɗin da wani littafi, wanda a ciki ya fassara kowace magana ta fim ɗin zuwa Hausa da hannunsa.

Na kalli fim ɗin, ba faɗa ba rawa. Tsohuwa ce kawai tana jiran ɗanta da ya tafi ci-rani ƙasashen Larabawa. Na ce a raina, wa zai zauna wa wannan? Na ture littafin gefe, na yi yadda na saba.

Ranar Asabar da hantsi aka nuna shi a makarantar. Da aka zo inda yaron ya rasu aka kawo wa tsohuwar akwatin kayansa, sai ga muryata tana cewa, "Ko tsaraba babu? Wannan yaro da rowa yake!" Ɗalibai suka kwashe da dariya. Ina murmushin jin daɗi na juya, na ga malamin ya cire tabarau yana share ido.

Bayan an watse ya same ni a ƙofa. Bai ɗaga murya ba.

"A wurin nan cewa ta yi, ku buɗe a hankali, ƙamshinsa na ciki. Haka mahaifiyarmu ta faɗa ranar da aka kawo kayan ƙaninmu. Yayana bai ƙara ko kalma ɗaya ba."

Wallahi na so ƙasa ta tsage in shige. Na ce, "Malam, ka yafe mini, zan sake shi."

"Ka sake," ya ce. "Amma yaran nan sun riga sun yi mata dariya."

Na sake shi, kalma da kalma, sai dai kunya ta hana ni kai masa da kaina. Tun daga ranar na gane maganar da wani ya rubuta amana ce, don ban san abin da ya rasa kafin ya rubuta ta ba.