Aikin da Na Yi wa Teburin Finbol

Duk abin da zan manta a sana'ata ta gyaran waya da kwamfuta, ban da ranar da aka ajiye mini laya a kan tabarma a garin Rogo, aka ce in faɗi abin da ke cikinta. Shekaru sun ja, amma har yau in na tuna sai in ji raina ya sosu.

Ni mutumin Karaye ne, ina da ɗan shago a bakin kasuwa. Aminina kuwa ɗan Rogo ne, yana da gidan kallon ƙwallo a can. Tare muka yi makarantar kwana, shi ne babban abokin ango a bikina. Ba ma haɗuwa ba mu yi wa juna tsiya ba. In ce masa ina ruwana da garin da sai an haɗa shi da ƙuli yake ciwuwa, shi kuma ya ce mutanen Karaye ba mu iya komai ba sai baki.

Ni na fara cin karo da wasan finbol a kwamfuta. Wasa ne na wata 'yar ƙwallon ƙarfe da ke gangarowa a kan tebur mai cike da fitilu da turaka. A ƙasan teburin akwai 'yan hannuwa biyu da kake doke ta da su ta koma sama, in ta wuce ta tsakaninsu ta faɗa rami, ka yi asara. Na nuna wa aminina, ya ce wannan ai ba wasan ɗora kwamfuta a cinya ba ne, na tsaye ne. Muka sa wani kafinta a Beli ya ƙera mana akwati mai ƙafa huɗu, muka kwantar da talabijin a samansa, kwamfuta a cikinsa, maɓalli ɗaya a kowane gefe. Aka ajiye shi a gidan kallonsa, tunda shi ke da fili da janareto.

Abu kamar wasa sai ya karɓu. Ba caca ake yi ba, suna ake nema, domin wanda ya fi kowa maki sunansa ne ke zama a saman allo. Duk Juma'a bayan an sauko daga masallaci, mutanenmu na Karaye sukan hau babura su tafi Rogo a kara. Kullum kuma da kunya suke dawowa, saboda akwai wani tela a Rogo da ya riƙe saman allon nan ya hana kowa.

Ni dai ƙwallon ba ta gamsar da ni ba. Ba ta da nauyi, tana yawo kamar an hura mata iska. Da na bincika a intanet sai na tarar akwai wata ƙungiya ta masu sha'awar wasan, daga ƙasashe daban-daban, da suka zauna suka gyara lissafin motsinta, suka saka kyauta don kowa ya sauke. Fayiloli ne da ke canza nauyin ƙwallon, da yadda take murginawa, da yadda roba ke tunkuɗo ta, da ƙarfin hannuwan. Ba a dannawa sau ɗaya a gama. Sai ka kwafe tsofaffin fayilolin ka ajiye gefe, ka zuba sababbin a mazauninsu, sannan ka buɗe rubutun kowane tebur kana canza lambobi kana gwadawa. Na yi ta fama da shi a kwamfutar shagona. Masu jiran a gama musu gyaran waya su ne 'yan gwajina, kuma yawancinsu su ne masu zuwa Rogo ranar Juma'a. Wallahi ko kaɗan ban kawo a raina cewa horo nake ba su ba.

Akwai kuma wata 'yar na'ura mai jin motsi da 'yan ƙungiyar suka ce a haɗa da gyaran. Ba ta fi kwalin ashana ba. Ana manna ta a ƙarƙashin tebur, in ka ɗan tura teburin sai ƙwallon ta karkace kamar ta gaske, in kuwa ka yi masa dukan hauka sai wasan ya yanke maka. Na yi odarta ta zo. Da na tuna yadda kyankyasai da ɓeraye suka mai da akwatin nan gida, ga danshin damina, sai na miƙa wa maƙwabcin shagona, wani baduku, na ce ya rufe mini ita da abin da ɓera ba zai yi saurin ci ba, ya bar ƙofar da wayar lantarki za ta bi. Bawan Allah ya ɗinke ta da jar fata tsaf, irin ɗinkin da hannunsa ya saba. Na jefa a aljihu ban ko sake kallonta ba.

Ranar da na je haɗawa, aminina ya tafi ta'aziyya Kwanyawa, ya bar mini makulli wurin mai shayin ƙofar gidan kallon. Na shiga na turo ƙofa na sa sakata, domin hasken rana na kashe allon, kuma in mutane suka cika ba za su bar ni in yi lissafi ba. Tun hantsi nake ciki sai la'asar na fito, jikina duk ƙura saboda kwanciya a ƙarƙashin tebur. Hadari ya haɗo, ina sauri in kama hanya, sai ga aminina ya dawo. Na yi masa gaisuwar rashi a gurguje, na hau babur, sannan bakin nan nawa ya ja mini. A gaban duk masu shan shayi na ce, "Mutumina, na yi wa teburin nan aiki. Ranar Juma'a za ka ga abin mamaki. Mutanenku sai dai su yi haƙuri."

Ranar Juma'a kuwa aka ga abin mamaki. Tela ya kama maɓallai kamar yadda ya saba, ƙwallo ta ƙi shi. Ta yi nauyi, tana sulluɓewa ta inda bai zata ba. Da haushi ya kama shi ya kai wa gefen teburin duka, abin da ya saba yi tun da can ba abin da ke faruwa, sai fitilu suka mutu, hannuwan suka saki. Mutanenmu kuwa da na riga na yi musu bayani, sai ka ga mutum ya ɗan dafa teburin da ƙugu, ƙwallon da ta nufi rami ta kauce. Kafin magariba sunan tela ya sauko ƙasa. Na ji shi yana cewa, "Wannan ƙwallon maganar mutanen Karaye kawai take ji." Na yi dariya har da riƙe ciki, a zatona yabo ne.

Daga nan abubuwa suka fara canzawa. In na kira aminina a waya, sai ya ce "Lafiya lau" ya yi shiru, babu ina iyali, babu ya kasuwa. Mutumin da sai na ce masa katina zai ƙare yake barina. Na je da kaina, na kai masa soyayyar gyaɗa da matata ta yi, wadda ya fi so. Ya karɓa da godiya ya ajiye a kan benci, har na tafi bai buɗe ledar ba. An lulluɓe teburin da zane, wai ya lalace. Na ce bari in duba, ya ce a'a, a bar shi tukuna. Ɗakin yana ta warin hayaƙin magani, bakin ƙofa kuma a jiƙe, alhali ba a yi ruwa ba. Masu shan shayi da na yi musu sallama sun amsa, amma kowa ya sami abin kallo a cikin kofinsa.

A hanyar komawa gida babu irin zargin da ban yi ba. Na ce aminina ya samo wani mai gyara daga Kano ne yana so ya ture ni daga teburin da na ƙirƙiro. Na ce telan nan ne ya zuga shi. Har matata na tsare da tambaya ko ta faɗa wa matarsa wata magana, ta ce in bar ta ta ji da tukunyarta. Na riƙa bin tsofaffin hirarrakinmu ina tonowa, duk wata tsiya da ya taɓa yi mini sai na ga kamar da gaske yake. Ni kuma akwai zuciya. Na ce tunda abin ɓoye-ɓoye ne, ba zan tambaya ba, ƙafata ma ba za ta sake taka Rogo ba. Sai labari nake ji daga nesa cewa gidan kallon ya yi sanyi, iyaye sun hana 'ya'yansu shiga ko da kallon ƙwallo ne. Maimakon in tausaya masa, sai na ce wata dabarar ce.

Ana haka sai kawunsa ya aiko a kira ni. Dattijo ne, shi ya riƙe shi tun yana ƙarami, kuma ni ma Kawu nake ce masa. Wannan kira ba a ƙin sa. Na isa bayan azahar na tarar da su a zaure: Kawu, da aminina yana kallon ƙasa, da tela, da mai shayi. Aka gaisa gaisuwa mai tsawo wadda babu daɗi a cikinta. Sannan Kawu ya jawo wata ƙwarya da sandarsa, ya kifar da ita a kan tabarma. Jar laya ta faɗo, da guntuwar waya a jikinta.

"Ɗana, ka san wannan?"

"Na sani, Kawu. Ni na sa ta."

Tela ya yi salati da ƙarfi. Mai shayi ya ce, "Ai na faɗa muku. Ya kulle kansa a ɗaki wuni guda, ya fito da bakinsa ya ce ya yi aiki. Da kunnena na ji."

Sai a lokacin na kalli abin da idon da suke kallonsa. Jar fata, kusurwa huɗu, ɗinkin baduku, a manne a inda ido ba ya kaiwa. Ni kaina da a ƙarƙashin teburin shagona na tsinci irinta, da ban kwana lafiya ba. Kuma kowa ya san abin da ake nufi in an ce an yi wa wuri aiki. Dariya ta taso mini, na danne ta da kyar, domin babu mai dariya a zauren.

Na roƙi reza. Da na fara farke ɗinkin, sai da tela ya ja da baya har ya bugi bango. Na zaro 'yar na'urar, koriya, na ɗora a tafin hannuna. Kawu ya sa tabarau ya leƙa ya ce, "To, waɗannan ƙananan rubuce-rubucen fa na mene ne?" Na ce lambobin masana'anta ne. Bai ce ya yarda ba, bai ce bai yarda ba. Na ce a taimaka a biyo ni gidan kallon.

Aka tayar da janareto, na haɗa wayar da suka yanke a gaban kowa, ƙofa a buɗe. Na buɗe fayilolin na nuna musu lambar nauyin ƙwallo, na rage ta, ta koma yawonta na da, na ƙara ta, ta yi nauyi. Sannan na ce Kawu ya ɗan tura teburin da hannunsa. Ya yi bisimilla ya tura, ƙwallo ta kauce. Ya sake turawa, ta sake kaucewa. Ya ce, "Ikon Allah, ashe ni ma tana jin maganata." Aka fashe da dariya, har tela, ko da yake ya ce duk da haka an cuce su tunda mutanen Karaye sun riga su koyo, kuma a nan gaskiyarsa ce. Kawu ya juyo kaina ya ce, "Kai kuma, ɗana, aikin alheri ba a sa masa sakata. Kuma ka riƙa tauna magana." Na ce na gode, Kawu.

Mutum ɗaya ne bai yi dariya ba. Da na tashi tafiya, aminina ya rako ni wurin babur. Na ɗauka haƙuri zai ba ni, har na shirya tsiyar da zan yi masa. Sai ya riƙe kan babur ɗin ya ce, "Akwai abin da ban faɗa a zaure ba. Tun ranar da aka ciro abin nan, duk sallar da na yi sai na roƙi Allah ya mayar wa mai shi da sharrinsa, ya hana shi kwanciyar hankali. Ban taɓa ambatar sunanka ba. Amma fuskarka nake gani."

Na ce, "Me ya hana ka tambaye ni?"

Ya ce, "Tsoro nake ka ce e." Sannan ya ce, "Kai me ya hana ka tambaye ni?"

Muka tsaya a bakin titi, manya da mu, kowa idonsa ya kawo ruwa. Na ce na yafe, shi ma ya yafe mini. Mun shirya, har yau muna tare, 'ya'yanmu suna kwana gidajen juna. Amma na san akwai makonnin da mutumin da ya fi kowa sanina ya yi yana kai ƙarata wurin Allah, ni kuma ina gida ina tuhumarsa da cin amana, a kan abin da tambaya ɗaya za ta kashe.

Abin da na koya ke nan. Kayan wani, ko na amininka ne, a gabansa ake taɓa shi, ana yi ana faɗa masa abin da ake yi. In kuma ka ga fuskar naka ta canza, kada ka koma gida kana saƙa da warwara. Ka je ka zauna a gabansa ka ce, "Me na yi maka?" ko da kana tsoron amsar.