Watan da Baba Ya Ƙulla

Ni mutum ce mai son a faɗa mini magana kai tsaye. In an ce Talata, to Talata. Shi ya sa har yau tatsuniyar Inna Tambai, kakata ta wajen uba, take ci mini rai, don ban taɓa gane kanta ba.

Ina 'yar aji biyu a lokacin, ba a daɗe da samun 'yancin kai ba. Bayan girbi Baba ya liƙe bakin rumbun gandu da laka, ya tafi cirani Kurmi. A ƙauyenmu da ke gefen Ƙarfi, mai gidan da ya liƙe rumbu shi ke buɗe shi ranar da aka shiga gona, kafin nan kowa ya ci daga ɗan rumbunsa. Ruwa ya sauka, 'yan cirani suka dawo, ban da Baba. Aka yi shuka, aka fara noma, rumbu na liƙe. Tuwo ya koma sau ɗaya a rana, sauran kwaɗon rama.

Da magariba ta wuce sai mu taru a ɗakin Inna. Takan hura wuta ta ɗora ɗanyen ganye saboda sauro, hayaƙi na cin idonmu, mu kuwa ko gezau. Ta gyara zama ta ce, "Ga ta nan tafe, ku ba ta wuri." Mu ce ta shigo.

Wai akwai wata ƙasa, Ƙasar Igiya, inda wata ba ya tsayawa a sama. Doguwar igiya suka rataye a jikin kukar tsakiyar gari, ita ce shekararsu. Kowane wata da mai shi. Shi zai zo ya ƙulla igiya watan ya kama, shi kaɗai zai kwance watan ya mutu. Watan Maƙeri ba ya ƙarewa sai an gama ƙera fartanyun gari. Watan Mai Jego sai ta gama wanka. Akwai Watan Kwaɗi, wani tsoho ke ƙulla musu tunda ba su da yatsu. Akwai Watan Baƙo, wata shekarar ya zo, wata shekarar ya ƙi. Gari kuma ba ya waye wa kowane gida sai an ɗora tukunya, don haka gidan raguwar mace yana nan a jiya, ka tsallaka danga ka faɗa cikin yau. In za su yi alkawari sai su ce, "Zan zo bayan tafasa biyu."

"To Inna, wata nawa ne a shekararsu?"

"Gwargwadon masu aiki."

"Jiya kin ce Watan Kwaɗi ke bin na Maƙeri, yau kin ce na Mai Jego!"

"Jiyan gidan wa?"

Yara su kwashe da dariya, ni kuwa kaina ya ɗau zafi. Ta ce, "Uwar gardama, boko ya toshe miki kunne."

Kullum labarin wuri ɗaya yake zuwa. Wani matafiyi ya ƙulla watansa ya fita fatauci. Mutanen gari suka zauna jira, ba a yaye yara ba, ba a ɗaura aure ba, gemu na furfura amma ba wanda ya ƙara shekara. Daga nan sai Inna ta yi hamma ta ce mu tashi. Duk tatsuniyoyinta tana rufe su da ƙurunƙus, ban da wannan.

Wata rana na ga Baffa Sale, ƙanen Baba, ya durƙusa a ƙofar ɗakinta. "Inna, yaran nan suna ramewa. Ki bari in fasa rumbun."

"Kai ka liƙe?"

"Damina fa ta yi nisa."

"A gidanka."

Da yamma, tana kawowa wurin matafiyin, na kasa haƙuri. "Inna, mutanen nan wawaye ne. Su yanke igiyar mana! Ni yunwa nake ji."

Inna ta daɗe tana tona wuta da kara.

"In suka yanke, sun ce ya mutu ke nan," ta ce. Can kuma ta ɗago. "Af, akwai wata doka da na mance. 'Yar mai ƙulli tana iya sassauta shi. Ba kwancewa ba, sassautawa. Hannunta hannunsa ne."

"Yaushe aka yi wannan dokar? Ba ki taɓa faɗa ba."

"Ki kwanta, ja'ira."

Da safe ta miƙa mini fartanyar Baba. Baffa ya ɗora ni a kafaɗa, na yi ta saran lakar har ta fashe, aka zura ni ciki. Duhu da ƙamshin dawa. Ina miƙo damma suna karɓa, sai na ji muryar Inna daga waje: "Na can ƙasa, ki bar shi. Na mai gida ne." Ranar muka ci tuwo har da ɗumame.

Baba bai dawo ba. Wani ya ce ya gan shi a tashar jirgi, wani ya ce zazzaɓi ne a hanya. Damin nan yana ƙasan rumbu, ana zuba sabo a kansa duk shekara, har ƙwari suka mai da shi gari. Inna ta rasu ba ta rufe tatsuniyar ba.

Na gama sakandare, na san watannin Musulunci, na san na Turawa, ba wanda zai rikita ni a kansu. Amma har yau ban sani ba ko Inna ta yarda Baba zai dawo, ko kuwa ta riga mu sani, ta nemi hanyar ciyar da mu ba tare da ta faɗa da bakinta ba. In na ce na gane, ƙarya nake.

Abin da na sani, in aka tambaye ni yaushe mahaifina ya rasu, sai in buɗe baki in rasa ranar da zan kama. Sai in ce, "Watan bai ƙare ba tukuna." Su tsaya suna kallona, irin kallon da nake yi wa Inna ta cikin hayaƙi.